Kek Mai Ɗanyen Ciki

Akwai wata mata a wani gari wadda Ubangiji ya yi wa baiwar gasa kek. Kowace Kirsimeti, idan an tashi daga sujada jama'a suka zauna a harabar coci domin cin abinci tare, kek ɗinta ake ajiyewa a tsakiyar tebur, matar fasto ta yanka. Kek ne mai nauyi, cike da zabibi da dabino da ɓawon lemo. Ba ta da abin gashi na zamani. Yashi take zubawa a gindin babbar tukunya, ta ɗora gwangwanin kwaɓin a kai, ta rufe, ta sa garwashi sama da ƙasa. Shekara da shekaru ana haka, har ta fara ganin tsakiyar teburin nan kamar gadonta ne.

Tana da ƙanwa, autar ɗakinsu, wadda ke aure a gidan da ke jikin nata, katanga ce kawai ta raba su. Ita ta koya wa ƙanwar tankaɗen fulawa da fasa ƙwai. Wata shekara sai ƙanwar ta zo da ɗan nata kek, ta ajiye a bakin tebur. Wani dattijo ya ɗanɗana, ya ce, "Wa ta yi wannan mai laushin? Bana ko mu marasa haƙora mun ga Kirsimeti." Aka yi dariya, nan da nan aka cinye shi. Na yayar ma an ci, an yi mata godiya kamar kullum. Amma ba godiyar ce ta bi ta gida ba, dariyar nan ce.

Daga ranar ta ɗauke ƙafa daga gidan ƙanwarta. In sun haɗu a taron zumuntar mata, ƙanwar takan ce, "Yaya, kin yi wuyar gani."

Ita kuwa sai ta ce, "Ayyuka ne, Auta. Ku manyan masu kek ai ba kwa rasa baƙi."

Da Kirsimeti ta sake ƙaratowa, abin ya hana ta sukuni. Tana so ta san sirrin laushin nan, amma bakinta ya yi mata nauyi ta tambayi yarinyar da ta goya. Wata safiya ta ji motsin kwanoni a maƙwabta, sai ta kife turmi a gindin katanga, ta hau, ta leƙa. Ta ga ƙanwarta ta feraye tuffa, ta dafa, ta dame ta har ta zama kamar kunu mai kauri, sa'an nan ta juye a cikin kwaɓin.

Ta sauko tana cewa a ranta, "Ashe tuffa ce kawai."

Ta je kasuwa ta sayo ninkin abin da ta gani. Ta sa botarta cif kamar yadda ta saba, ta sa ƙwai, ta sa sukari, ta juye tuffar duka a kai. Kwaɓin ya yi ruwa. Hannunta ya faɗa mata haka, gama hannun gwana ne, amma ta ƙi ji. A cikin tukunya kek ya tashi, bayansa ya yi ja mai kyau. Da ta zo gwada shi da tsinke, sai ta soka a gefe, ba ta soka a tsakiya ba.

Ranar idi aka ɗora shi a wurinsa. Matar fasto ta yi addu'a, ta sa wuƙa. Wuƙar ta shiga ba ta sami abin yanka ba, ɗanyen kwaɓi ya malalo kan faranti da zabibi a ciki. Matar fasto ta ja murfi ta rufe a hankali, ta ce, "A miƙo mana wancan tukuna." Aka ɗauko na ƙanwar daga bakin tebur aka sa a tsakiya.

Yayar ta ɗauki farantinta ta zaga bayan coci. Ƙanwar ta biyo ta.

"Yaya, bota nawa kika sa?"

"Yadda na saba. Ke za ki koya mini?"

"Har da tuffar a kai?" in ji ƙanwar, gama ta ji ƙanshinta a kwaɓin da ya malalo. Ta ƙara da cewa, "Yaya, ai tuffar a madadin bota take. Nawa babu bota ko cokali guda. Likita ya hana maigidana maiƙo tun kafin Kirsimetin bara, zuciyarsa ce ba lafiya. Kin san shi da kek. Ban iya ganinsa zaune yana kallon bakin mutane ba, shi ya sa na yi ta gwadawa har na dace."

Matar ta juya ta hango mijin ƙanwarta a kan benci. Rigarsa ta idi ta yi masa yawa, wuyansa ya zama siriri. Shekara guda mutumin nan yana ciwo a bayan katangarta, ta leƙa gidan, tuffa kaɗai ta gani.

Ma'anar wannan misali ita ce: kishi yana nuna mana abin da ɗan'uwanmu ya samu, ya ɓoye mana abin da aka raba shi da shi. Matar nan ta ga abin da ƙanwarta ta zuba a kwano, ba ta ga abin da ta rasa ba. Haka muke yi. Muna jin yadda wata 'yar'uwa ke addu'a a taro, ranmu ya ɓaci domin ana yabonta, ba mu san irin wahalar da ta koya mata durƙuso ba. Muna so mu ɗora albarkar wani a kan tamu ba tare da mun ajiye komai ba, ko girman kanmu. Sai bayanmu ya yi kyau a idon ikilisiya, cikinmu kuwa ɗanye. Ubangiji ba a gefe yake gwada mu ba.

'Yan'uwa, kowannenmu ya san mutumin da yabonsa ke yi masa zafi a kunne. Wataƙila yana zaune a benci ɗaya da kai yau. Kafin Kirsimeti ta zo, ka je gidansa ta ƙofa, ka yi sallama, ka zauna, ka tambaye shi lafiyar iyalinsa, ka kuwa tsaya ka ji amsar.