Shekaru Huɗu na Malam Haladu

An ce wai a wani gari an yi wani ma'aikacin gidan ruwa, Malam Haladu, wanda ya shekara talatin yana kula da injin da ke tura wa gari ruwa. Da kunne yake gane ciwon injin tun kafin ya tsaya. Saura shekara huɗu ya ajiye aiki, sai wata safiya masinja ya miƙa masa takarda: an yi masa ritaya daga ranar, saboda an same shi da rage shekaru. Aka kuma kafe kwafinta a allon sanarwa na ofis.

Wanda ya sa hannu shi ne Alhaji Jafaru, daraktan ma'aikata. Ba mugu ba ne. Ya dai gaji da masu furfura da ke rantsuwa cewa jiya aka haife su. Da ya buɗe fayil ɗin Haladu, sai ya ga ranar haihuwa biyu: ta takardar firamare, da ta takardar rantsuwar da ya kawo ranar ɗaukar aiki, tsakaninsu shekara huɗu. Bai kira shi ba. A ganinsa takarda ta gama magana.

Sau uku Haladu yana zuwa ofis, sau uku ana ce masa darakta yana taro. Rashin aikin ya dame shi, amma abin da ya fi ci masa rai shi ne yadda hira ke mutuwa idan ya iso majalisar ƙofar masallaci. Mutumin da ake ba ajiya, yau shi ake kallo a matsayin wanda ya rantse a kan ƙarya. Da abin ya ishe shi, ya kai ƙara gaban Alƙali Mudi, wani dattijo da ba ya gaggawa.

Ranar zama, alƙali ya karanta takardar ƙarar shi kaɗai, ya rufe ta, ya cire tabarau. Ya ce ya gamsu Alhaji Jafaru ya yi zalunci da gangan, don haka zai rubuta a sauke shi daga kujerarsa. Ya ɗauki alƙalami.

Alhaji Jafaru ya miƙe. Ya ce, "Allah ya gafarta malam, ai ko gaisuwa ban gama ba. Ga hujjojina a hannu. Yaya za a yanke mini hukunci ba a ji ta bakina ba?"

Alƙali ya ajiye alƙalami. Ya ce, "Zauna, Alhaji, ban rubuta komai ba. Jiki magayi. Abin da ka kasa jurewa na minti ɗaya, wannan bawan Allah ya ɗauke shi wata biyar. Tambayar da ka yi mini ita ce ƙarar da ya kawo, kuma kai ka amsa ta da kanka. Takardar ritayar nan ta faɗi, tun da an rubuta ta ba a ji shi ba. Maganar shekaru kuwa, ban san gaskiyarta ba, kai ma ba ka sani ba. Ga shi nan. Tambaye shi."

Aka matsa wa darakta kujera ya fuskanci Haladu. Da ƙyar ya tambaye shi yadda aka yi mutum ɗaya ya sami haihuwa biyu.

Haladu ya ce shi ranar suna Yusha'u aka raɗa masa. Haladu sunan yayansa ne. A shekarar da aka ce kowane dagaci ya kawo yara makarantar boko, sunan yayan ne ya fito a littafin haihuwa na dagaci. Amma damina ta kama, yayan kuwa shi ke riƙe wa mahaifinsu shanun noma. Sai tsohon ya kama hannun ƙaramin ya kai, ya ce ga Haladu. Malamin ya rubuta suna da shekarun da ke littafi, bai ɗaga kai ba. Sunan ya bi shi har ya zama nasa. Shekarun ne da ya girma ya ƙi ɗauka, ya je ya yi rantsuwa a kan nasa na gaskiya.

Daga bayan kotu wani tsoho mai kaushin hannu ya taso, riƙe da tsohon littafin da ɗan dagaci ya ba shi aro. Ya ce, "Ranka ya daɗe, ni ne Haladun. Ya ci sunana, ya ci bokona, na yafe. Amma shekaruna a bar mini kayana, ni na sha wahalarsu."

Kotu ta yi dariya, har alƙali ya murmusa. Aka buɗe littafin: ga Haladu, ga Yusha'u bayan shekara huɗu, uba ɗaya.

Alhaji Jafaru ya duba shafin. Sannan ya ce a ƙauyensu ma an yi haka, kawunsa da sunan wani ya yi karatu har ya rasu. Ya san al'adar sarai. Tambaya ce kawai bai yi ba. Ya nemi gafarar Haladu a gaban jama'a, ya kuma ce shi zai rubuta takardar mayar da shi da hannunsa, a kafe ta a allon sanarwa inda aka kafe ta farko.

Haladu ya koma ga injinsa, ya cika shekarunsa huɗu, ya ajiye aiki ranar da ta dace, da sunansa a wanke.

Shi ya sa masu hankali ke cewa, takarda tana faɗin abin da aka rubuta mata, amma ba ta san dalilin rubutun ba; wannan sai a bakin mai ita. Wanda duk aka ba alƙalami a kan abincin wani, to ya fara ba da kunne kafin ya sa hannu.