Kurege da Rakiyar Shuɗiyar Guguwa

Ga ta nan, ga ta nanku!

Ta zo mu ji ta, Iya!

To ku matso. Ni da ban taɓa wuce kasuwar Laraba ba, yau ni ce zan ba ku labarin duniya bakwai. Ku yi haƙuri da ni.

Wai duniyoyin nan a jere suke, wata kan wata, kamar faifai kan faifai, kuma kowa yana da mai kama da shi sak a kowace. To a bayan garinsu Kurege akwai wani tsohon ramin tama. Idan zafin bazara ya taru a cikinsa, sai ya fashe ya zama wata shuɗiyar guguwa mai tartsatsi. Wanda ya faɗa ciki, sai dai ya ga kansa a wata duniyar. Amma duk tsallake ɗaya, ƙarfinta raguwa yake yi.

Shi kuwa Kurege ya yi ta'asa. Matarsa Yalwa ta ɗaure buhun gyaɗa na iri, ta ce, "Maigida, idan irin nan ya taɓu, jikinka zai gaya maka." Ya ce wa zai taɓa? Ya ci ɗaya don ya ji ko ta yi hunhuna. Ya ci ɗaya don ya tabbatar. Ya ci, ya ci, sai ɓawo. Ya mayar da ɓawon, ya ɗaure. Ga hadari ya fara haɗowa a gabas.

Sai ya ce a ransa, "Ai Kuregen waccan duniyar ma yana da buhu. Bari in je in yi masa musanya."

Ya saɓa buhun ɓawo, ya faɗa guguwa. Fuuu! Gashinsa ya mimmiƙe, haƙoransa suka yi tsami. Ya buɗe ido, ga gari irin nasu, ga wani Kurege sak shi, saɓe da buhu, yana shirin faɗawa.

Suka yi turus.

"A'a, ɗan'uwa! Sannu da zuwa!"

"Yawwa, ɗan'uwa! Mun same ku lafiya? Ya iyali?"

"Lafiya lau. Ina zuwa da kaya haka?"

"Zumunci kawai. Kai fa?"

"Ni ma zumuncin ne."

Kowa na murmushi, kowa idonsa na kan buhun ɗan'uwansa. Namu ya ce shi zai koma. Na can ya ce, "Haba, ka zo har garinmu ka tafi ba rakiya? Kawo kayan in riƙe maka, kai riƙe nawa." Namu ya ji daɗi har wutsiyarsa na rawa. Suka faɗa tare. Fuuu!

Da suka sauka, na can ya yi sallama zai juya da buhun da ke hannunsa. Sai zuciyar namu ta ce, kai, me ya sa ya saki nasa da sauƙi haka? Ya ce, "Ɗan'uwa, yanzu kai ne baƙo. In bar ka ka koma kai kaɗai, a ce ba ni da tarbiyya? Kawo kayan." Fuuu!

Ya raka shi, ya rako shi. Ya raka shi, ya rako shi. Kawo kayan, riƙe nawa. Kada ku yi dariya da yawa, mu ma haka muke. Ran nan na raka ƙawata Tabawa har ƙofar gidanta, ta rako ni, tuwona ya ƙone ƙurmus.

Guguwa dai tun tana shuɗiya har ta koma fari-fari. A tsallake na goma ta yi tari sau biyu, ta zubar da su a bayan garin namu, ta mutu.

Suka kwance buhu: ɓawo. Suka kwance ɗayan: ɓawo. Namu ya ce, "Amma kai ɓarawo ne!" Na can ya ce, "Wallahi na ji kunyarka!"

Sai ga ruwa, yaf-yaf-yaf. Sai ga Yalwa da muciya, tana neman irinta. Ta ga ɓawo, ta ga miji biyu.

Namu ya yi wuf ya durƙusa, ya sauya murya. "Sannu, uwargida. Ni baƙo ne daga nesa. Ga maigidanki nan."

Kafin na can ya buɗe baki, muciya ta sauka. Tim! Tim! Namu kuwa aka shimfiɗa masa tabarma a zaure, aka dama masa fura. Yana sha yana cewa, "A yi haƙuri, uwargida, a bar shi haka," yana ƙara miƙa ƙwarya.

Kwana uku yana cin gara. Na can ya sha jinya, ya yi tuba, Yalwa ta samo iri a gidansu, suka shirya. Rana ta huɗu ta leƙo zaure ta ce, "Baƙo, mun gode da zumunci. A gaida mutanen gida."

Ya ce, "Yalwa, ni ne fa! Ni ne mijinki!"

Ta ce, "Mijina ga shi can da tabon muciyata. Maigida, taso ka raka baƙonka."

Na can ya taso yana ɗingishi, ya riƙe masa buhun ɓawo har bakin gari, ya miƙa masa, ya ce, "Ɗan'uwa, wannan karon kada ka wahalar da kanka. Na san hanya."

Kurunkus, kan kusu ya sha da ƙyar! Wanda duk ya ci irin gida, ya tsaya ya karɓi dukansa da kansa, aƙalla ya kwana a ɗakinsa. Ku tashi ku tafi, ni ba mai raka kowa ba ce yau.