Fatalwar da Mma Asiatu Ta Kushe

Akwai wata mata a Salaga, ana ce mata Mma Asiatu. Doya take saye a hannun manoma, ta tara, ta sayar wa masu lori da ke zuwa daga kudu. Tun da mijinta Issahaku ya rasu ita ke riƙe da rumfar, kuma ba ta taɓa kai kukanta ƙofar kowa ba.

A kasuwa kowa ya san dabararta. In ta ga doyar da ta yi mata, ba za ta yaba ba. Sai ta ɗaga guda ɗaya, ta juya ta, ta taɓe baki.

"Wannan ai ruwa ce zalla. Ka haƙe ta tun ba ta ƙosa ba."

Manomi ya yi ta rantsuwa, ita kuwa ta juya kamar za ta tafi. Doyar da ta fi kushewa, ita ce za ka tarar a rumfarta da yamma. Abin ya bi jikinta har ta kasa yabon komai, ko miya ce, ko zane, ko jaririn maƙwabta.

Bayan doya, abin da take so a duniya shi ne fim. Karatu bai yi mata nisa ba, amma fim ɗin faɗa da na ban tsoro ba wanda ke wuce ta. Abdul-Rahman mai shagon gyaran waya ne ke zuba mata su a waya. In rana ta take, kasuwa ta yi sanyi, sai a taru a rumfarta a ji hukunci.

"Mma, kin ga wanda jarumin yake faɗa a saman jirgin ƙasa?" in ji Munawara mai tumatir, maƙwabciyar rumfarta.

"Na gani. Ƙarti arba'in sun kewaye mutum ɗaya, suna zuwa ɗaya bayan ɗaya kamar masu layin famfo. Ku taru ku danne shi mana!"

"To na matar nan da ta tare a gidan da ake jin kuka?"

"Ita ta so. Ka ji abu yana kiran sunanka a ɗakin da ba kowa, maimakon ka kwashi takalminka, sai ka leƙa ka ce waye? Ni tun a nan na ce Allah ya ji ƙanta."

"Na ɗan sandan fa, da yake neman wanda ya kashe amarya?"

"Tun ban gama cin waken da ke gabana ba na san angon ne. Mutum yana ta kuka, ba majina?"

Sai rumfa ta kaure da dariya.

Akwai wani guruf na WhatsApp da 'yan kasuwar Salaga da Yendi da Bawku suke tambayar juna labarin kaya. Ita ba ta rubutu, murya take turawa. Da sannu mutane suka fi jiran muryarta a kan fim fiye da labarin doya.

Wata rana Abdul-Rahman ya zo da kansa, yana sosa ƙeya.

"Mma, wannan fim ɗin namu ne. Mu muka yi shi da abokaina, nan cikin gari. Ke ce ta farko da za ki gani."

Labarin fatalwar wani falken goro ne da ke fitowa daga tsohuwar rijiya. An shafe fuskarta da farar ƙasa, an lulluɓe ta da tsumman buhu. Ba ta gudu, ba ta ihu. Tafiya kawai take, tana jan ƙafa ɗaya a ƙasa, kuma duk gudun da mutum zai yi, in ya waiwaya tana bayansa.

Mma Asiatu ta kalle shi sau uku a yini ɗaya. Da la'asar, rana tana nan a sama, aka zo sayen doya, ta tsaya a bakin sitonta ta kasa shiga. Sai da ta ce wa Munawara ta raka ta, wai tana jin akwai maciji.

Fim bai taɓa yi mata haka ba. To amma kun san halin. Abin da ya shiga ranta shi take kushewa. Ta danna waya ta ce:

"Jama'a, na ga fim ɗin 'yan garinmu. Sun yi ƙoƙarin ɓata buhu. Amma ina tambaya, wannan fatalwa ce, ko agwagwar da babur motokin ya taka? Wannan in ta biyo ka, ka tsaya ka sha koko, ka yi alwala, za ka tarar ba ta iso ba."

Kafin magariba muryar ta fita daga guruf. Aka yi ta turawa. Wani ya haɗa ta da hoton fatalwar. Mma Asiatu ta ji daɗi, har tana cewa, "Ni gaskiya na faɗa."

A kwana na biyar Abdul-Rahman ya dawo rumfar. Bai zauna ba.

"Mma, kin san waye a cikin buhun nan?"

"Ina ruwana? Ni ban kira sunan kowa ba."

"Aruna ne."

Wuƙar da take kankare ƙasar doya da ita ta tsaya a hannunta.

Aruna mai motokin ne, babur mai ƙafa uku da ake ɗaukar kaya. Shekara tara yana ɗauko mata doya daga gonaki. Shekara biyu da suka wuce ya kife a hanya cikin damina, da doyarta a baya, ƙafarsa ta dama ta karye wuri biyu. An yi ɗori, amma ta gajarce. Tun daga nan ya shige ɗaki, ko masallaci ya daina zuwa don kunyar tafiyarsa. Ita kanta sau biyu ta je duba shi, sai kasuwa ta ɗauke mata hankali.

"Wata uku ina roƙonsa," in ji Abdul-Rahman. "Na ce masa ba wanda zai ga fuskarka. Ranar da muka ɗauki wurin rijiya ya yi dariya har da hawaye. Juma'a uku ke nan yana zuwa masallaci da ƙafarsa. Ba kwaikwayo ya yi ba, Mma. Tafiyarsa ce."

"To waye ya faɗa wa mutane shi ne?"

"Salaga ce fa. Mutum nawa ke jan ƙafa haka? Jiya ya bi ta tasha, 'yan babur suka yi ta kukan agwagwa har ya sha kwana."



Ranar ba ta iya ciniki ba. Wani manomi ya faɗi kuɗin doyarsa ta ce ta saya, har ya tsaya yana kallonta. Da ta koma gida ta ɗauki waya, ta danna, ta goge. Ta sake dannawa, ta goge. A karo na huɗu ta daure.

"Jama'a, ni ce Asiatu. Fim ɗin nan ya yi kyau. Wallahi ya tsorata ni. Wanda ya yi fatalwar nan gwani ne."

Sai ga amsoshi, duk fuskokin dariya. Wani daga Yendi ya ce, "Mma, kin kashe shi, yanzu kuma kin zo ta'aziyya!" Wata ta ce, "Wannan ta fi ta farko zafi." Ba wanda ya taɓa jin yabo daga bakinta, don haka kowa ya ɗauka sabuwar ba'a ce.

Da safe ta yafa mayafi ta nufi gidan su Aruna. Ta tarar da kwaɗo a ƙofar ɗakin. Aka ce mata ya bi motar safe, ya tafi Bawku wurin ƙanwarsa Rafi'atu, har da tabarmarsa.

Ranar kasuwa ce, loruka sun fara shigowa. Mma Asiatu ta rufe rumfa, abin da ba ta yi ba tun bayan da ta fita takaba.

A Yendi ta sauya mota. Suna jiran ta cika, sai wani mutum a kujerar gaba ya ƙure wayarsa. Ta ji muryarta da kunnenta: agwagwar da motokin ya taka. Mota ta ɗauki dariya, har direba yana buga sitiyari.

"Matar nan ta Salaga ba ta da dama!" in ji wata tsohuwa kusa da ita, tana taɓa ta. "Ke ba ki ji ba ne?"

Mma Asiatu ta ja mayafi ta rufe baki. Macen da ke tsayar da ƙarti goma da murya a kasuwa, ranar ko kuɗin mota miƙawa kawai ta yi ba magana, don kada a gane muryar.

Washegari da hantsi ta sami gidan Rafi'atu. Aruna na zaune a tsakar gida, ya miƙe ƙafar a kan buhu, yana ware wa ƙanwarsa albasa, ruɓaɓɓu gefe, masu kyau gefe. Da ya gan ta ya yi yunƙurin tashi.

"Zauna, Aruna. Ni ya kamata in durƙusa."

Ta durƙusa kuwa. Ta faɗa masa komai. Sau ukun da ta kalla, da siton da ta kasa shiga da rana, da macijin da ta ƙirƙira. Ta ce, "Ban san kai ne ba."

"Da wani ne fa, Mma?"



Ya juya albasa a hannunsa. "Ni na ce wa Abdul-Rahman ya fara kai miki. Na ce Mma Asiatu ba ta ganin ido. In ta ce abu ya yi, gari duka zai yarda. Ranar wayar tana hannuna tun azahar, ina jira."

Hawaye ya zubo mata. "Ka yafe mini. Ka dawo gida. Zan tsaya a tsakiyar tasha in faɗa da bakina. Duk wanda ya sake yi maka wannan kukan agwagwa, ni da shi."

"Na yafe, har ga Allah. Ba ki taɓa cin haƙƙina ba a shekara tara, ba zan riƙe ki da wannan ba." Ya dubi ƙafar. "Amma ita wannan, da ƙyar aka lallashe ta ta fita sau ɗaya. Ban san ko za ta sake yarda ba."

Rafi'atu ta kawo tuwo. Mma Asiatu ta sa hannu don kada a ce ta ƙi, amma loma biyu ta iya haɗiyewa.

Da ta tashi tafiya ta ce, "To raka ni bakin titi mana. Nan ai ba wanda ya san ka."

Aruna ya kama sandarsa. Ya miƙe, ya taka har zaure. A waje ana jin babura suna wucewa, wasu samari suna hira a gindin bishiya. Ya tsaya ya daɗe yana kallon hasken da ke bakin ƙofa.

Sannan ya ce, "Rafi'atu, zo ki raka Mma."

Darasi: Ba kowane abu ne doya ba, da za ka kushe don ka saya da sauƙi. Bayan kowane aiki da kake yi wa dariya akwai mutum, kuma ba ka san da wace wahala ya fito ba. In abu ya burge ka, faɗa tun bakinka yana da daraja, don wanda ya saba kushe, ranar da ya yaba ba mai yarda. Ku tura wa 'yan guruf ɗinku, musamman wanda kuka san harshensa ya fi wayarsa sauri.