Furen Gurjiya Mai Zare

Ga ta nan, ga ta nanku, har da mai gyangyaɗin can.

Ta zo mu ji ta.

An yi wani birni mai tsohuwar bishiyar gurjiya a bakin ƙofa. Ranar da ta yi jan furenta na farko a shekara, kowa sai ya fito biki. Masu gaba da juna su ci a ƙwarya ɗaya, ɗaurarru a kwance su, jini kuwa ba a zubarwa. Amma ba a buga ganga sai wata tsohuwa, Iya Tambai, ta duba ta ce fure ne.

Wata shekara aka kama Kurege a rumbun gyaɗar Sarkin Noma. Ya ce ya shiga duba lafiyar rumbun ne. Ba a gamsu ba. Aka ɗaure shi a gindin gurjiya, aka ce da azahar mahauci zai yanka shi.

Da hantsi sai ga ja a reshe, ƙudan zuma na kewaye shi. Aka ɗauko Iya Tambai.

Ta ɗaga kai. Auduga ce rinanniya da aka shafa wa zuma, ga ma zaren yana lilo. Matar Kurege tana gefe, ta ɓoye jajayen hannuwa a zane. Mahauci na wasa wuƙa.

Tambai ba ta taɓa ƙarya a kan itacen nan ba. In ta faɗi gaskiya kuma, an gama da Kurege.

Ta ce, "Idona ya tsufa. Mahauci, me ka gani?"

Mahauci yana da ɗa a ɗaure. Ya ce, "Iya, ja na gani."

"Makaɗi, me ka gani?"

"Iya, ƙudan zuma na gani."

"Sarkin Noma, me ka gani?"

Sarkin Noma ya dubi zaren, ya dubi Kurege, ya dubi ƙanensa da suka shekara ba sa ga-maciji, yana tsaye da ƙwaryar fura.

Ya ce, "Ranki ya daɗe, bana dai furen da zare ya zo."

Tambai ta ce, "To, ku kuka gani. A buga."

Aka buga ganga, aka kwance Kurege, 'yan'uwa suka sha furarsu. Gurjiya ta yi nata furen bayan kwana uku, ba wanda ya yi mata ƙorafin latti.

Kun ji, yara: mutanen da suka gaji da gaba, ko auduga ta ishe su dalili.

Ƙurunƙus kan kurege, yana nan a wuyansa.