Ƙararrawar Sarauniya Indumati

An ce wani sarki a ƙasar Hindu ya rasa matarsa Indumati. Aka ƙona gawarta bisa al'adarsu, kogi ya tafi da tokar, sarki ya rasa ko kabarin da zai zauna kusa da shi. Wanda ya taɓa rashi ya san wannan zaman.

Akwai wani tsohon ɗakin bauta a ƙauye, bisa tudu, inda sarauniya takan je ziyara. Wata makiyayiya ce ta fara rataya ƙararrawar saniyar mijinta a ceɗiyar wurin bayan ya mutu. Tun daga nan duk mai rashi yakan tako da ƙafa ya rataya tasa, har rassan suka sunkuya.

Sarki ya isa da maƙera, ya ce a sauke ƙararrawar nan duka, a narka, a ƙera guda babba da sunan Indumati.

Mai kula da wurin, wani tsoho mai suna Sumanta, ya rusuna ya ce, "Ya sarki, umarninka ne. Sai dai akwai guda a ciki wadda sarauniya ta rataya da hannunta, shekarar da jaririnku ya koma. Ka cire ta, sauran a kai wuta."

Sarki ya ce, "Ba ta taɓa faɗa mini ba. Wace ce?"

Tsoho ya ce, "Ba ta zo da rakiya ba, a wurin mai tallar bakin hanya ta saya kamar kowa. Ni idona ya tsufa. Kai ne mijinta."

Sarki ya shiga ƙarƙashin ceɗiya yana ɗaga su ɗaya ɗaya. Duk tagulla ce, duk ta yi kore. Iska ta taso, suka kaɗa gaba ɗaya. Ya kasa kunne, kowace ya matsa kusa da ita sai ya ji kamar ita ce.

Ya ce, "Dattijo, na kasa rabe tata da ta matar manomi."

Tsoho ya ce, "Ya sarki, ita ma ba ta so a rabe ba."

Sarki ya sallami maƙera, ya tuɓe takalmansa, ya gangara wurin mai talla ya sayi 'yar ƙaramar ƙararrawa, ya rataya a inda hannunsa ya kai. Ya ce a gaya wa wanda zai gaje shi: ba adalci ba ne sarki ya narka kukan talakawa don nasa ya fi ƙara.