Shirwa Mai Rainon 'Yan Tsaki

Ga ta nan, ga ta nanku, mai gyangyaɗi ya gyara zama.

Ta zo mu ji ta.

Wata tsohuwa ce, Iya Tasallah. Kaza ɗaya gare ta, muzuru ya yi wa kazar gaisuwar ban kwana, ya bar Iya da 'yan tsaki bakwai. Ga damina, ga sanyi, ba fiffiken da za su shiga. Suna ta rawar ɗari, har na bakwai ya fara lumshe ido.

Shirwa ta hango su daga sama. Ta kawo sura, suka shige ƙarƙashin rumbu. Ta sake kawowa, suka shige. Ta uku ta daki turmi da baki.

Sai ta sauka, ta yi sallama irin ta mutanen kirki. Ta ce wai ita tausayin marayu ke hana ta barci, amma ba ta san abin da ta yi musu suke gudunta ba.

Iya ta ce, "Allah sarki, baiwar Allah. Ai daga sama kike zuwa. Ɗan tsako bai yarda da inuwa a kansa ba. Durƙusa ƙasa, ki yi shiru."

Shirwa ta durƙusa. Wuni guda cur, gwiwa na ciwo. Suka leƙo, suka koma.

Kashegari Iya ta ce ta daina wannan kukan nata mai tsaga kunne, ta dunƙule farata, ta zuba musu tsaki a gabanta, kuma kada ta kai musu hannu sai sun zo da kansu. Shirwa ta zuba, tana haɗiyar yawu. Suka ci, suka yi mata kashi a ƙafa, suka tafi.

Rana ta uku Iya ta ce ta buɗe fiffike, kada ta matse su. Ta buɗe. Ɗaya ya shiga, biyu suka shiga, har bakwai. Ɗumi ya ratsa su. Na bakwai ya buɗe ido, ya kwantar da kai a ƙirjinta.

Shirwa ta ce a ranta, yau akwai walima. Ta wasa baki ke nan, sai ga inuwa daga sama. Mijinta ne, ya kawo sura. Kafin ta yi tunani ta rufe su ruf, ta tashi ta fige shi har sai da ya manta hanyar gida.

Iya ta ce, "Sannu da aiki, uwar marayu."

Shirwa ta ji kunya ƙwarai. Ta ce, "Ƙiba nake jira su yi. Gobe zan cinye su."

Gobe ta ce gobe. Jibi ta ce gobe. Har suka zama zakaru da kaji, tana nan a durƙushe tana rainon jikoki.

Wanda ya durƙusa har ƙaramin abu ya yarda da shi, ya sani shi aka kama.

Ƙurunƙus kan ɗan tsako. In ƙarya na yi, ku je ku tambayi Shirwa, ta ce gobe za ta ba ku amsa.