Kyanwar da Ta Ƙi Fitowa daga Bargo

Akwai wani manomi a wani ƙauye da ke arewa da Ɗambatta, ana ce masa Usaini. A shekarun farin nan da gero ya bushe a tsaye, ƙyanda ta ɗauke masa 'yarsa Mairo. Ita kaɗai Allah ya ba su.

Usaini bai yi kuka ba. Ya dawo daga maƙabarta, ya wanke ƙafa, ya ci gaba da harkokinsa. Ba wai jarumta ce ba, shi dai kawai ya daina jin komai.

Matarsa Safara'u kuwa ɗaki ta shige, ta ja wani tsohon bargo ta rufe har kanta. Salla kaɗai ke tashinta. Ba ta magana, kunun ma sai ya huce a kwano. Kullum da safe Usaini sai ya shiga ya fizge bargon.

"Ki tashi. A kanmu aka fara mutuwa?"

Sai ta miƙa hannu ta jawo abinta, ta juya wa bango fuska. Har yayanta Ja'afaru ya aiko cewa idan haka za a ci gaba, zai zo ya tafi da ita gida. Usaini ya san idan ta fita a wannan halin, da wuya ta dawo.

Ana cikin haka ɓeraye suka sa ɗan irin geron da ya rage a rumbu a gaba. Usaini ya je wurin maƙwabciyarsu Inna Kaltume, wata tsohuwa mai kiwon kyanwoyi, ya roƙi guda. Ya jefa ta a buhu ya ɗaure baki, ya saɓo.

Yana kwance buhun, kyanwar ta zura a guje. Ko kallon rumbun ba ta yi ba, ɗaki ta faɗa, ta kutsa ƙarƙashin bargon Safara'u. Usaini ya bi ta ya jawo ta ta ƙafa. Ta yakushe shi har jini, ta suɓuce ta koma, ta ƙara shigewa ciki.

Ya nufi gidan tsohuwar yana riƙe da hannu.

"Inna, kyanwarki matsoraciya ce. Ɓera na aro ta ta kama, ba barci ba."

Kaltume ta dube shi sama da ƙasa.

"Kai da a ce an cusa ka a buhu an juye ka a gidan da ba ka sani ba, farauta za ka fara? Kyanwa in ta tsorata, wuri mai duhu da ɗumi take nema, inda ba a ganinta. In ka jawo ta, ka nuna mata ko nan ma ba ta tsira ba. Ajiye mata ruwa kusa, ka zauna, kada ka zuba mata ido. Ita za ta fito da ƙafarta."

Ya juya zai tafi, ta ƙara da cewa, "Kuma ɗan nan, katangarmu ba ta da kauri. Ina jin muryarka kowace safiya."

Ya koma gida. Washegari ya ajiye ruwa a kasko da kunu a kwano, ya zauna a bakin ƙofa yana tufka igiya. Bai taɓa bargon ba. Hannunsa na ƙaiƙayi ya fizge shi, amma ya daure.

Kwanaki suka wuce a haka. Kyanwar ta fara leƙo da kai, daga baya ta riƙa lasar ruwa tana komawa. Wata rana ta fito ta miƙe jiki, ta wuce ta gefensa zuwa rumbu. Kwanon kunun ma ya fara raguwa.

Ran nan da hantsi ya ji murya daga cikin bargon, a dishe.

"Malam."

"Na'am."

"Har yanzu yana ƙamshin yarinyar nan. Duk sanda ka fizge, sai ya ragu."

Igiyar ta faɗi daga hannunsa. Mairo 'yar fari ce. Saboda alkunya uwarta ba ta taɓa kiran sunanta ba, ba ta goya ta a gaban surukai da sakin fuska ba, ranar rasuwar ma ba ta iya kuka a gaban mutane ba. Bargon nan shi kaɗai ne inda ta samu ta zama uwar Mairo, shi kuma kullum da safe yana ƙwace mata.

Ya shiga ya zauna a gefen tabarma. Ta ɗaga bakin bargon kaɗan ta miƙa masa. Ya kai hancinsa, sai kukan da bai yi a maƙabarta ba ya ƙwace masa.

Da Ja'afaru ya zo, ita da kanta ta fito zaure ta ce, "Yaya, ka gaida mutanen gida. Ina nan."

Darasi: Wanda ya ɓuya, mutum ne ko dabba, akwai abin da ya kore shi. Kada ka fizge masa mafaka don kana gaggawar ya warke. Zauna kusa, ka yi haƙuri, ka bari ya fito da kansa. Ku tura wa 'yan'uwa, wataƙila akwai mai jinyar zuciya a gidansu.